Kiran Sarkin Noma

Damina ta sauka bana kamar yadda ta saba, ƙasa ta jiƙa, ƙamshinta ya tashi, amma har aka gama noman fari ban ji gangar noma ba. Ina zaune bakin shagona a Ƙanƙara, in kasa kunne da hantsi, in kasa da la'asar, ba abin da ke iso ni sai kukan babura da injin niƙa da waƙoƙin da ke fita daga wayoyin samari. Gonakin da ke nesa da gari ba mai zuwa. Na kusa kuwa kowa sauri yake ya gama ya dawo tun rana na sama, yana duƙe yana waiwaye, wanda ke waiwaye kuwa ba ya gayyato makaɗi. Waɗanda muka yi zamani tare sun ƙare, wasu ƙasa ta rufe musu ido, wasu hanya ta raba mu. Yaran da ke kawo mini cajin waya ba su san na taɓa yin wata sana'a ba bayan wannan. Shi ya sa na ce bari in faɗi abin da na sani tun bakina na iya faɗi.

Ni ɗan ƙauye ne, tsakanin Faskari da Sabuwa aka yanke mini cibiya. A lokacin ba agogo ke tada mutum ba. Zakara ya yi cara, ladan ya yi kira, can sai ka ji taɓarya ta faɗa turmi a gidan maƙwabta, wata ta amsa mata daga bayan danga, kafin gari ya gama wayewa lugude ya game unguwa. Aikina na safe shi ne in yanko wa awaki ciyawa tun raɓa ba ta bushe ba, in dawo ƙafafuna sun yi sanyi har ba na jin ƙaya. In gero ya fara ido, ni ne kan rumfar korar tsuntsaye, ina jan igiya gwangwanaye na ƙara, ina ihu har murya ta dushe. A kan rumfar nan na koyi kallo. Daga sama kana ganin komai: mai tallar fura tana ratsa gona, inuwar girgije tana tafiya bisa dawa kamar ana jan zane, tsoho ya tsaya ya dafa ƙugu ya dubi gabas ko hadari zai haɗu. Sau da yawa kallon ke ɗauke mini hankali har tsuntsaye su sauka su ci rabonsu. Mahaifina ya kan girgiza kai ya ce, "Ido ba ya noma, ɗana. Duk abin da ka kalla, hannu ne zai ciyar da kai." Kakata kuwa ta kan tare mini, ta ce a ƙyale ni, kowane gida yana bukatar mutum ɗaya da zai tuna yadda abu ya faru.

Bayan rafinmu akwai gidajen Maguzawa, manyan gidaje a tsakiyar gonaki, rumbunansu sun fi ɗakunan kwana yawa. Matansu a kafaɗa suke ɗaukar kaya, kuma suna noma kamar maza. Mu muna sallarmu, su suna nasu, amma ranar gayya ba a tambayar mutum abin da yake bauta wa, garmarsa ake dubawa. Ganga ta tashi, samari su jeru a bakin kunya, makaɗi yana bin su a baya yana kiran kowa da kirarin kakansa, ƙasa tana kifewa gefe da gefe, 'yan mata na guɗa, zufa na zuba. Wanda bai taɓa tsayawa a gona ranar gayya ba, ba zan iya kwatanta masa yadda gangar nan ke shiga ƙirjin mutum ba. Yau in ka ce wa yaro gayya, sai ya ɗauka cin abincin biki kake nufi.

Da na tasa, aka kai ni Funtuwa wurin wani mai ɗaukar hoto. A can na koyi haske da inuwa, na koyi yadda ake lallashin mutum ya saki fuska. Da kyamarar bidiyo ta shigo, maigidana ya saya ya ɗora mini a kafaɗa, na shiga yawon biki da suna da walimar mahajjata. Daga baya na samu tawa, na dawo Ƙanƙara na kama wannan shagon a bakin kasuwa, na yi aure. A lokacin ne fim ɗin kaset ya buɗe a Kano, duk wanda ya iya riƙe kyamara ya tattara ya tafi. Abokaina biyu da muke wasan kwaikwayo tare sun yi ta jan hannuna. Na ƙi. Ba don na fi su komai ba. Ni dai duk fim ɗin da na kalla, falo nake gani da kujeru da motoci, ban taɓa ganin rumbu ba, ban taɓa ganin hannun da garma ta yi wa kanta ba. Na ce a raina, to mu da muka tashi a gindin dawa ba mu da labari ke nan? Na fara haɗa 'yan gajerun wasanni da mutanen gari: tela, mai shayi, malamin firamare. Ni ne mai labari, ni ne mai ɗauka, ni ne mai ba da umarni, in batir ya mutu ni ne mai hawa babur in nemo janareta. Matata, Allah ya jiƙanta, ita ke dafa wa 'yan wasa abinci, ita ke ɗinke rigunan da suka yage.

Akwai labari ɗaya da ya daɗe yana cina. Labarin manomi ne da ɗansa. Ɗan ya gaji da duƙe, ya hau mota ya tafi birni ana tsakiyar damina, ya bar uban da gona. Na sa wa yaron suna Tanko. Na samu wanda zai fito a Tanko, wani saurayi mai gyaran keke, amma uban ya gagare ni. Duk wanda na gwada, da ya riƙe garma sai ka gane riƙon aro ne.

Wata ranar kasuwa na gan shi a layin hatsi. Dogon tsoho ne baƙi, wuyansa kamar gindin marke, yana tsaye kan buhunan dawarsa bai kiran kowa, masu saye ne ke zuwa. Na tambaya aka ce mini Bamaguje ne daga can bayan Mabai, kuma Sarkin Noma ne, ya yi bikin dubu, na wanda ya noma dami dubu, tun ƙarfinsa na nan. Na je na durƙusa na gaishe shi, na faɗa masa bukatata. Ya saurare ni har na gama, bai katse ni ba.

Ya ce, "Mai hoto, ni ban iya wasa ba. Tun da aka haihe ni ban taɓa zama wani ba sai ni."

Na ce, "Baba, ai shi nake so. Ba za ka zama kowa ba. Nomanka za ka yi, ni kuwa in ɗauka."

Ya yi dariya kaɗan ya ce noma ba abin kallo ba ne, abin yi ne. Na ga alamar ya gama da ni, na yi godiya na miƙe. Har na juya sai ya kira ni.

"Wannan abin naka, in ka gama, har ina yake zuwa?"

"Duk inda akwai talabijin, Baba."

"Har Kurmi?"

"Har Kurmi, can kudu, in Allah ya yarda. Direbobi na tafiya da kaset."

Ya murza ƙwayar dawa a tafin hannunsa. Can ya ce, "In an gama noman fari an fara maimai ka taho. Zan kira gayya."

Ban tambaye shi abin da ya sauya masa ra'ayi ba. Murna ta hana ni tunani.

Muka tare a gidansa ni da mai gyaran keke da 'yan wasana kaɗan. Aka ba mu ɗaki kusa da rumbuna. Matarsa, wadda kowa ke kira Iya, ƙaramar tsohuwa ce marar yawan magana, ta ware mana tukunya da ƙwarya daban don ta san mu masu salla ne, ba tare da kowa ya roƙe ta ba. Aikin ya yi daɗi fiye da yadda na zata. Baba ba ya haddace magana. In na faɗa masa abin da zai ce, sai ya ce, "Mutum ba ya faɗin haka," ya faɗe shi yadda mutum ke faɗi, kuma kullum nasa ya fi nawa. Kyamara ba ta dame shi ba, kallon da yake wa akuya shi yake mata. Wurin da ya ba ni wahala ɗaya ne, wurin da uba da ɗa ke sa-in-sa kafin ɗan ya tafi. Na so ya daka wa yaron tsawa. Ya ƙi. Ya ce shi ba zai ɗaga murya ba, in ina so in ɗauka haka, in ba na so in bari. Na ɗauka haka.

Ranar gayya gari ya waye da lumshi. Samari suka zo daga gidaje na kusa da na nesa, Maguzawa da Musulmi da 'yan coci, kowa da garmarsa a kafaɗa. Makaɗin gidan, wani gajeren dattijo mai ido ɗaya, ya rataya gangarsa. Na yi ta gudu a gaban masu huɗa ina ja da baya, ina faɗuwa cikin kunya ina tashi, kyamara a sama kada ta taɓa laka. Da la'asar ta yi sanyi, hasken ya koma ruwan zuma, na ce lokacin wurin ƙarshe ya yi. Abin da na tsara mai sauƙi ne. An gama aiki, kowa ya kama hanya, uban ya tsaya shi kaɗai a ƙarshen gona, ya fuskanci hanyar mota, ya kira ɗansa sau ɗaya, sannan ya saɓa garma ya tafi gida.

Na ce, "Baba, ka dubi can kudu, ka ce Tanko. Shi ke nan. Kada ka dube ni."

Ya gyaɗa kai. Mutane suka koma bayana suka yi tsit, makaɗi na taɓa ganga a hankali. Na danna.

Ya daɗe a tsaye. Iska na kaɗa ganyen dawa tana taɓa gwiwoyinsa. Har na fara tunanin ya manta, sai ya ɗaga hannu ya kare bakinsa, ya buɗe murya irin wadda ake kiran mutum da ita daga gona zuwa gona.

"Nomau!"

Gangar ta tsaya cak.

"Nomau! Ka taho gida hakanan! Maganar da na yi, na janye ta. Uwarka ta tsufa. Ban riƙe ka da komi ba, Nomau, ka taho ko ba ka da komi!"

Muryar ta tafi ta bugi dutsen da ke bayan gonar ta dawo. Ba wanda ya motsa. Wata mata a bayana ta fara shessheƙa, aka ja ta gefe. Ni kuwa idona na cikin kyamara, ban san abin da ke faruwa ba, na dai san ba zan kashe ba. Ya sauke hannunsa, ya tsaya kamar mai jiran amsa, sannan ya sunkuya ya ɗauki garmarsa ya bi kunya ya tafi, bai waiwayo ba.

Na matsa kusa da makaɗi na ce a hankali, "Baba ya yi kuskuren suna. Ko mu sake?"

Ya dube ni da idonsa ɗaya ya ce, "Bai yi kuskure ba." A nan bakin gona ya ba ni labari. Nomau shi ne ɗansa namiji tilo da ya rayu, kuma ba a taɓa yin saurayi mai huɗa irinsa a yankin ba. Wata shekara ya ce zai tafi cin rani Kurmi, uban ya hana, ya nace. Da zai fita, uban ya ce masa a gaban mutane, in ya tafi kada ya dawo sai da abin da ya fi garma. Damina ta zo bai dawo ba. Wata ta zo. An aika, an tambayi 'yan cin rani, wani ya ce ya gan shi yana dako, wani ya ce ba shi ba ne. Tun daga nan ba a ƙara ambaton sunansa a gidan ba, sai yau.

Da na isa gida na tarar da Baba zaune a gindin rumbu yana kankare laka daga garmarsa. Na durƙusa a gabansa. Shi ya fara magana.

"Ta kama?"

"Ta kama, Baba."

"To kada ka taɓa ta. Ka bar ta yadda take."

Saboda wannan kiran sai da na sake ɗaukar duk wuraren da aka ambaci Tanko. Yaron fim ya koma Nomau. Mai gyaran keke ya ji nauyin abin, ya ce shi yana jin kunyar amsa sunan a gaban Iya. Amma ita Iya, daga ranar, in ta dama fura sai ta ware masa tasa a wata 'yar ƙwarya mai zane, ta ajiye a gabansa ta wuce. Daga baya muka ji ƙwaryar mai sunan ce.

Na tace fim ɗin a Funtuwa da bidiyo biyu da talabijin ɗaya. Da na gama, su Baba na fara kai wa. Muka toshe tagogin wani ajin makaranta da tabarmi da rana tsaka, aka tada janareta. Mata suka yi ta kyakyata dariya suna nuna juna, wannan ta ce ga bayanta, waccan ta ce ashe haka take tafiya. Samari na ihu duk sanda garmar ɗayansu ta wuce. Da aka zo wurin kiran, ajin ya mutu. Iya ta tashi ta gyara zanenta ta fita. Baba ya kalla har ƙarshe, sannan ya ce mini, "Muryar ta fita sosai. Saura ta tahi."

Na ɗauki fim ɗin na nufi Kano wurin 'yan kasuwar kaset. Na farko ya kalla kaɗan ya tura gaba, ya sake turawa, ya ce, "Malam, ina waƙa? Ina yarinya? Wa ya san wannan tsohon?" Na biyu ya ce aikin ya yi kyau, amma wa zai sayi kaset don ya kalli noma, alhali daga noman ya gudo? Na uku ya ce zai karɓa in na yarda a yanke gayyar, a sa wani sanannen ɗan wasa ya sake yin wurin uban a cikin gida mai bene. Na yi masa godiya na ɗauki kayana. Abokaina na da, waɗanda a lokacin sunansu ya fara fita, suka karɓe ni hannu biyu, suka ba ni masauki, suka ce in zauna su sa ni a hanya. Na kwana ina juyi, da safe na hau motar gida. Na sayar da babur ɗina na buga kaset da kaina, na sa a rubuta a bayan kwalin cewa mai shirin yana bakin kasuwar Ƙanƙara. Duk ranar kasuwa sai in bi manyan motocin hatsi da na shanu masu gangarawa kudu, in ba direba ko yaron mota, in ce don Allah in ya isa ya ajiye a gidan kallo na unguwar Hausawa, ko ba a biya ba. Wasu suka karɓa da mamaki, wasu suka ɗauka taɓin hankali ne ya kama ni.

Daga nan Baba ya mai da shagona wurin zuwa. In ya sayar da dawarsa sai ya biyo, ya zauna, in sayo masa goro. Ba ya tambaya kai tsaye. Sai mun gama gaisuwa da zancen ruwa da farashin taki, in ce, "Shiru har yanzu, Baba." Shi kuwa ya ce, "Kurmi da nisa, mai hoto. Tana hanya." Haka muka yi shekaru. Ƙafarsa ta fara nauyi, ya koma zuwa a bayan babur. Wata ranar kasuwa bayan kaka ban gan shi ba, ta gaba ma haka. Makaɗi ne ya zo ya faɗa mini an rufe shi a bayan gidansa, kusa da kakanninsa. Iya ba ta kai wata damina ba ta bi shi.

Na yi wasu finafinan bayan wannan, ba su da yawa, kuma ba wanda ya wuce Funtuwa da Malumfashi. Kaset ya mutu faifai ya zo, faifai ya mutu waya ta zo. Yanzu yaro zai tsaya a bakin titi ya yi tsalle biyu a gaban waya, kafin magariba duniya ta gan shi. Ba na jin haushinsu, zamaninsu ne. Abin da ya fi ci mini rai shi ne wuraren da na ɗauka. Tun da mutanen daji suka hana zama, gidajen nan na tsakiyar gonaki sun watse ɗaya bayan ɗaya. Rumbunan sun rushe, ciyawa ta cinye hanya. Mai gyaran keke ya tafi Kaduna, makaɗi ya rasu yana gudun hijira a gidan surukinsa. Matata ta riga ni. 'Ya'yana na ta cewa in koma wurinsu birni, ni kuwa ban san abin da zan kalla a can ba. Kaset ɗina na asali, waɗanda na adana a akwati, damshi ya shige su, funfuna ta cinye zaren. Ranar da na buɗe na gani, na rufe akwatin na tura shi ƙarƙashin gado, ban faɗa wa kowa ba.

Kwanakin baya, wata ranar kasuwa, wata mata ta tsaya a bakin shagona da goyo a bayanta, wani mutum na tsaye nesa kaɗan da ita. Ta yi sallama. Hausarta irin ta waɗanda aka haifa a Kurmi ce, tana jan wasu kalmomi tana haɗiye wasu. Ta ce mijinta direba ne, ya zo lodin masara, ta roƙe shi ya taho da ita. Tun safe take tambaya a kasuwa ina mai hoton da ya yi fim ɗin noma, ba wanda ya sani, sai wani tsoho mai sayar da igiya ya nuno mata ni.

Na ce, "Ni ne, 'yata. Zauna."

Ta zauna a bakin benci ta kwance goyon ta rungume. Ta ce, "Baba, ni 'yar Nomau ce."

Na dafa tebur. Na dubi fuskarta, sai ga dogon wuyan nan, ga goshin.

Na ce, "Yana ina?"

"Ya rasu bara."

Na yi mata gaisuwa, ta amsa. Sannan na yi tambayar da ta daɗe a cikina. "Kaset ɗin bai kai gare shi ba ke nan?"

"Ya kai, Baba. Tun ina ƙarama ya kai."

Ta ce mahaifinta dako yake yi a wata kasuwar hatsi, shekararsa ta biyu da zuwa lodi ya rufto masa, aka yanke masa ƙafar dama daga gwiwa. Tun daga nan ya koma zama da ɗan tebur a bakin tasha yana sayar da goro da ashana. Akwai gidan kallo a jikin tashar. Wata rana yana zaune yana ba wani canji, sai ya ji an kira sunansa daga cikin rumfar, da muryar da ba zai taɓa ɓata ba. Ya watsar da tebur, ya ja sandarsa ya faɗa ciki. Bai bar wurin ba sai da mai gidan kallon ya sallama masa kaset ɗin. Ya yi ta tari har ya sayi tsohon bidiyo saboda shi kaɗai.

Na ce, "To me ya hana shi zuwa? Tsohon nan ya ce ya taho ko ba shi da komai. A nan inda kike zaune yake zama yana jira."

Ta share ido da bakin mayafinta. "Mun sha faɗa masa, ni da mahaifiyata. Ya kan ce, ba komai daban, ba ƙafa daban. Ya ce ɗan Sarkin Noma ba zai shiga gidan ubansa a kan sanda ba, a zo gayya yana zaune cikin mata. Gara tsohon ya riƙa tuna shi a tsaye. Sau biyu yana ɗaure kaya, in an kai bakin mota sai ya ce a mai da shi."

Ta ce abin da ya kawo ta, tana so a kai ta kabarin kakanta. Na faɗa mata gaskiya, ba mai babur ɗin da zai yarda ya shiga wannan hanyar yanzu, ko ya yarda ni ba zan bari ta bi shi da jariri ba. Amma na san akwai ƙanwar mahaifinta da ke zaune a Sabuwa tun da aka tashe su. Na kwatanta wa mijinta unguwar da gidan. Ta tambaya ko ina da sauran fim ɗin, don nasu ya tsinke tun tuni saboda yawan kallo. Na ce babu. Ta gyaɗa kai kamar dama ta san haka.

Har ta mai da goyonta ta miƙe, sai ta tsaya.

"Baba, akwai abin da nake so ka sani. Duk ranar Juma'a in ya dawo daga tasha sai ya sa kaset ɗin. Ba ya kallon farko, turawa yake har wurin da tsohon ke tsaye a gona. In ya ce Nomau, sai babana ya gyara zama ya ce, Na'am, Baba. Da ƙarfi yake faɗi, har maƙwabta na ji. In ya sake kira, ya sake amsawa. Ni ina yarinya na ɗauka haka ake kallon fim ɗin, in tsohon ya yi kira sai an amsa masa. Sai ni ma in ce na'am."

Mijinta ya yi mata magana, lodi ya kusa ƙarewa. Ta durƙusa ta yi mini sallama, na sa wa jaririn albarka, suka shige cikin kasuwa har na daina hango mayafinta.

Na tashi tsaye da niyyar in je in faɗa. Na sa takalmi, na jawo ƙofar shago, na ɗauko kwado. Sai da na tsaya a bakin titi, mutane na ture ni ta kowane gefe, na shiga lissafa wanda zan kai wa wannan labari. Baba, Iya, makaɗi, matata. Na tsaya a nan da kwado a hannu har wani yaro ya taɓa ni ya ce, "Baba, a rufe ne ko a buɗe? Caji zan sa."

Na ce masa a buɗe ne.